Musanyar Barikin Kofur Angama

Babba, ajiye wayar nan. Ke mai bi masa, ƙyale yaron ya yi kukansa, ba narkewa zai yi ba. Ku zauna inda kuka samu, in kun samu, don kun ga yadda falona ya koma: katifa kan katifa, tukwane a ƙarƙashin gado, keken yara a kan sallayata. Ba don gaisuwa na tara ku ba. Labarin mijin Autarku zan ba ku tun daga tushe, kuma kada wanda ya tanka sai na dire.

Kun san shi dai, Kofur Angama, direban soja. Ba a taɓa kawo masa magana ya bari ta kai ƙarshe ba. Ana tsakiyar yi masa bayani zai daki ƙirji ya ce, "An gama!" ya juya ya tafi, har sunan ya bi shi, har manyansa ma da shi suke kiransa a fareti.

Barikin kan tudu, inda yake aiki, ba wurin yabo ba ne. Kasuwa da nisa, rana kamar da gayya, famfo kuwa sai ranar da ya ga dama yake tari ya tofo ruwa. Amma gidan da suka samu shi ne gidan kusurwa, ɗaki biyu da falo, famfon layi a bakin ƙofa, ga bishiyar mangwaro da Auta ta dasa da hannunta tana ba ta ruwan wanke-wanke. Shekara da shekaru suka yi a ɗaki ɗaya, su da yara da kaya, kafin layi ya zo kansu. Duk matan barikin idonsu na kan gidan nan.

Sai ranar da aka aike shi kai kaya barikin bakin kogi, wannan na kusa da mu. Ya ga kwalta, ya ga ciyawa shar, ya ga famfo yana zuba ba mai gadinsa. Ya dawo gida yana huci.

"Uwar yara, fara ɗaure kaya. Mun bar tudun nan."

"An yi maka taransifa ne?" in ji Auta.

"Za a yi."

"Wa ya ce?"

"Ni na ce."

Washegari ya sami Saje, wanda shi ne shugabansa kuma maƙwabcinsa katanga ɗaya, ya ƙame ya sara masa, ya faɗi buƙatarsa. Saje dattijo ne mai magana a hankali kamar yana ƙirga haƙoransa.

"Hanya biyu ce, Kofur. Ko ka rubuta dalilinka ka ba ni, in kai wa Kyaftin, Kyaftin ya kai wa Manjo, a aika sama, ka zauna ka jira."

"Jira na masu ƙaramin kai ne, Oga. Ta biyun fa?"

"Ko ka samo kofur irinka, direba irinka, a can barikin, wanda ya yarda ku yi musanya. Kai ka shiga gurbinsa, shi ya shiga naka. Amma kafin ka sa hannu, ka fara bincika bataliyar da yake ciki, domin soja ba na bariki ba ne, na..."

"An gama!"

Saje ya bi bayansa da kallo, ya mayar da sauran maganar cikinsa.

Kofur ya zaci sai ya sha wuya kafin ya sami wawan da zai bar kogi ya hau tudu. Sai ga shi ko mako bai cika ba wani kofur, Dogo ake ce masa, ya kira shi da kansa. Nan Angama ya buɗe baki ya manta yadda ake rufewa. Ya ce ruwan barikinsu ba ya yankewa, har roƙon mutane ake su yi wanka. Ya ce mangwaron gidansa ba ya sanin rani ko damina. Ya ce falonsa in Manjo ya shigo sai ya cire takalmi.

"Madalla," in ji Dogo. "Ranar hutu zan zo da uwargida mu gani."

Da ya kashe wayar ya tsaya yana kallon falon: benci ɗaya, tabarma ɗaya, da kalandar da ta shekara uku a bango.

"To, ga Manjo nan zai cire takalmi," in ji Auta.

"Ke ba ki san dabarun yaƙi ba. Abokin gaba abin da aka nuna masa yake gani."

Ya bi layi gida gida yana aro. Kujerun kushin na matar Saje, wadda ta ba shi da sharaɗin ba za su wuce la'asar ba. Fanka mai tsayuwa ta mai kantin bariki, fiffikenta ɗaya a karye. Talabijin na mai aski, wanda ba ya kawo hoto sai murya. Ya samo tsohon durom ya ɗora a kan rufin ɗaki, ya ja tiyo ta bayan katanga ya haɗa da famfon ƙofar gida. Sannan ya shiga jigilar ruwa da bokiti daga rijiyar gindin tudu, ya hau tsani ya juye, ya sauko ya koma. Matan layi suka fito da kujerun tsuguno suka jera a inuwa kamar an zo da 'yan wasa.

"Kofur, horo aka ba ka ne?" in ji matar Saje.

"Motsa jiki nake."

"Da bokiti?"

"Sabon tsari ne daga sama. Ku ba za ku gane ba."

Da ya gama da ruwa ya tafi kasuwa ya cika kwando da mangwaro, ya hau bishiyar Auta, wadda ko fure ba ta yi ba tukuna, ya dinga ɗaura su ɗaya ɗaya da baƙin zare. Daga can saman ne ya hango sojoji a filin bayan gidansa suna kafa tantuna, layi layi, har ƙarshen fili.

"Kai! Na wane ne waɗannan?"

"An ce baƙi za a kawo," wani ya amsa masa.

Kofur ya yi dariya har reshe ya girgiza. "Allah sarki. Wasu marasa dabara za su kwana a buhu."

Matar Saje ta zo gindin bishiya ta ɗaga kai. "Yaushe mangwaro ya fara fitowa da zare?"

"Sabon iri ne."

"To in ya nuna ka sam min zaren, rigar Saje ta yage."

Ranar hutu baƙi suka iso. Dogo dogon ne na gaske, sai da ya sunkuya ya shiga ƙofa, kuma ba shi da yawan magana. Matarsa ƙarama ce mai sauri, ko gaisuwa ba ta gama ba ta zaro igiya daga jaka ta fara auna taga.

Kofur ya zaunar da Dogo a kushin ya kunna fanka. Fanka ta yi ƙara, ta karkace, ta kama tafiya a kan siminti tana ɗingishi, sai da ta kai bakin ƙofa wayarta ta tsinke.

"Mai zagayawa ce," in ji Kofur. "Kowane lungu take kai wa iska."

"Ba komai," in ji Dogo.

Ya kunna talabijin, murya ta fito, hoto ya ƙi.

"Muna kare idon yara ne."

"Ba komai."

Ana cikin haka matar Saje ta yi sallama da 'ya'yanta mata biyu. Ta ce ƙanwar mijinta ta zo ba zato, kujeru take so yanzu. Kofur ya dinga ƙifta mata ido har ƙwalla ta zubo.

"Wani abu ya faɗa maka a ido ne, Kofur? Bawan Allah, ɗan tashi, ta ƙarƙashinka ma tawa ce."

Dogo ya miƙe, aka fice da kujeru, ya koma kan benci.

"Kyauta na ba ta," in ji Kofur. "Maƙwabtaka ke nan a barikin nan."

"Ba komai."

Sai ya ja shi waje don ya nuna masa abin da ya fi taƙama da shi. Layi gaba ɗaya ya fito kallo. Kofur ya naɗe hannun riga, ya murɗa famfo. Famfo ya yi gyatsa, ya tofo jan ruwa mai tsatsa, ya biyo da ɗan kwaɗo guda da ya faɗa bokiti ya kama iyo. Kofur ya ƙara murɗawa da ƙarfi don ruwan ya washe. Tiyo ya fizge daga can sama, ruwa ya kwararo ta bakin rufi, kai tsaye a kan hular Dogo. Kofur ya ruga ya kama tiyo ya ja. Tiyo ya jawo durom. Durom ya gangaro da ƙara kamar an harba igwa, ya tsallake katanga, ya sauka a kan akurkin kajin Saje.

Kaji suka tashi sama. Zakara ya faɗa cikin bishiyar mangwaro yana fuffuka, zare ya dinga tsinkewa, mangwaro ya dinga zuba. Ɗaya ya gangaro har ƙafar Dogo. Ya ɗauka, ya duba zaren da ke wutsiyarsa, ya goge a rigarsa da ta jiƙe, ya gatsa.

Saje ya leƙo ta kan katanga da gashin kaza a kafaɗa. "Kofur."

"Oga."

"Wannan ma sabon tsari ne daga sama?"

"Daga sama dai ya zo, Oga," in ji matar Saje, layi ya kwashe da dariya.

Kofur ya riga ya sallama, yana neman ƙaryar da zai rufe da ita. Sai Dogo ya haɗiye mangwaronsa ya ce, "Tambaya biyu gare ni. Rufin nan yana yoyo?"

"Ko ɗigo."

"Kuma wanda ya shiga gurbinka, gidan nasa ne?"

"Har da bishiya."

"Na yarda. Kawo takarda."

Da baƙi suka tafi Kofur ya dinga zagaya tsakar gida yana taka rawar fareti. Auta tana tsince gashin kaji daga tukunya.

"Baban yara, mutumin nan ya sha ruwan kwaɗo a ka, an zare kujera a ƙarƙashinsa, ya ci mangwaro mai zare, bai yi ƙorafi ba. Matarsa har ƙofar banɗaki ta auna. Wanda ya bar kogi yana murna haka, ba ka ganin akwai abin da ya sani?"

"Abin da ya sani shi ne ya haɗu da wanda ya fi shi kai. Ɗaure kaya."

Takarda ta bi hannun Saje ta kai gaban Manjo, aka kira Kofur ofis. Manjo ya duba takarda, ya duba Kofur, ya sake duba takarda.

"Kofur, da kanka ka nemi wannan bataliyar?"

"Da kaina, Yallaɓai."

"Ka san cewa ita ce za..."

"An gama, Yallaɓai!"

Manjo ya kalli Saje. Saje ya kalli silin. Manjo ya ɗaga kafaɗa ya sa hannu.

Ranar tashi Kofur ya samo babbar mota aka loda kaya har sama. Ya miƙa wa Dogo makulli a gaban kowa, sannan ya haye kan katifu ya tsaya kamar kwamanda. Auta ta ja mayafi ta rufe fuska.

"Jama'ar tudu! Yau na bar muku ranarku da famfonku mai tari. Mai kanti, riƙe gurguwar fankarka. Mai aski, kai da ka shekara kana yanka min kunne, na yafe. Ke kuma matar Oga, in ƙishi ya dame ki ki aiko, zan sa a kawo miki kogi a kwalba. Wanda ya sake ganin ƙafata a barikin nan, ya aske min gashin baki!"

"Na ji, na riƙe," in ji mai aski.

Motar ta biyo ta ƙofar gidan nan. Ya leƙo ta taga, bai ko sauko ba, ya ce min, "Mama, kin yi maƙwabta! Gobe ki zo ki ga gida." Na ce Allah ya nuna mana.

Suna shiga barikin bakin kogi ya ga motoci jere, sojoji suna ta loda akwatuna, mata suna ta ɗaure tukwane. Ya ce wa Auta, "Kin gani? Share mana wuri ake." Ya sauko, ya gyara hula, ya nemi sajen sabuwar bataliyarsa ya ƙame.

"Kai ne direban da ya maye gurbin Dogo?"

"Ni ne, Oga. Ina gidana?"

"Daga kan tudu ka zo?"

"Yanzun nan. Na bar wahala."

"Madalla, ka san hanya ke nan. Ga makullin motar gaba, kai za ka ja mu."

"Zuwa ina, Oga?"

"Kan tudu mana. Bataliya gaba ɗaya can aka mayar da ita. Tun watan jiya kowa ya sani. Dogo bai gaya maka ba?"

Kofur ya kalli makullin motar da sajen ke miƙo masa. Da ƙyar ya ce, "Oga, ai ni barikin nan na nema."

"Bariki ka nema ko gurbi? Gurbin Dogo ka nema, ga shi an ba ka. Inda bataliya ta sa ƙafa nan kake."

"To gida fa?"

"Gidajen can duk da mutane. An kafa mana tantuna, ka shiga layi kamar kowa. Iyali kuwa kowa ya kai gidan danginsa. Kana da dangi a kusa?"

Yana da su. Mu ne, ga ku nan kuna zaune a kan kayansa. Ya sauke min yara da katifu a tsakiyar falo, ya ce, "Mama, ɗan gyara ake wa gidan," ya fice kafin in sami takalmina.

Da hantsi washegari jerin motoci ya hau tudu, Angama a gaba. An tara mutanen bariki a bakin ƙofa su tarbi baƙi, har da masu ganga. Ya ja hula har hanci, ya nutse a kujera, sitiyari kaɗai ake gani. Da ma ya wuce lafiya, sai dai hular ta rufe masa ido ya hau kan dutsen bakin ƙofa, mota ta mutu, duk jerin ya tsaya. Manjo da kansa ya tako ya buɗe ƙofar motar.

"Wane ne wannan direban?"

Matar Saje ta leƙa ta ƙarƙashin hula. Ta ja da baya, ta tafa hannu, ta kwarma ihu har ganga ta yi shiru.

"Jama'a, ku zo! Kogi ya iso! Kofur, ina kwalbata?"

"Aiki na musamman aka turo ni," in ji Kofur.

"Sauko da ƙafar dai mu gani," in ji mai aski, yana laluben aljihu.

Ya sauko. Za ku ga leɓensa na sama in ya shigo, fes kamar na jariri. Ba ado ba ne, aikin mai aski ne, kuma har yau bai bar gashin ya sake tsirowa ba.

Tantin da ya faɗo masa kuwa shi ne na farkon layi, jikin katangar tsohon gidansa. Yana kwance yana jin matar Dogo tana shara tana waƙa, labulenta ya zauna a taga daidai ba ragi. Kuma bishiyar Auta, da ta ƙi haihuwa duk shekarun nan, bana ta yi fure ta zuba 'ya'ya. Dogo kan miƙo masa ɗaya ta kan katanga ya ce, "Ci, Kofur. Wannan ba zare."

To, ga abin da ya sa na kira ku. Jiya ya zo min da sabon shiri. Wai ya sami wani kofur a wani bariki can, zai gayyato shi ya ga tanti su yi musanya. Yana son aron kujeruna, da fankata, da labulen ɗakina, kuma yana son Auta da yara su je su zauna a ciki ranar, don baƙo ya ga tanti yana ɗaukar iyali. Na tambaye shi wace bataliya mutumin yake, ya ce wannan ƙaramar magana ce. Auta ta ce ba inda za ta sa ƙafa sai ya je wurin Saje ya rubuta sunansa a layin gida, ya jira kamar kowa, ya kawo makulli ta riƙe a hannunta. Shi ya ce mace bayan mijinta take bi. Ni na ce kujeruna ba za su hau tudu ba ko da za a ɗaure ni, amma kuma falona nake so, na gaji da tsallake tukunya kafin in kai ga gadona.

Yana ƙofar gida yanzu, ina jiyo shi yana gaya wa mai shago an gama. Babba, kai ne babba, jeka shigo da shi. Ku zaunar da shi a kan katifarsa, ɗayanku ya toshe masa baki har a kai ƙarshen magana, ku raba mana wannan abu yau, kafin ya gano inda na ɓoye fankar.